Babarbare, Kana Jina?

Shagona yana Nguru, a layin da ya gangara daga kasuwa zuwa tsohuwar tashar jirgin ƙasa, tsakanin mai gyaran waya da wata baiwar Allah mai sayar da bandar kifi. Duk wanda ya daɗe zaune a wurina sai ya koma gida da ƙaurin tarwaɗa a riga, matarsa ta tambaye shi ina nata rabon. Sana'ata tace bidiyo. Bikin aure, suna, walimar saukar karatu, tallan 'yan kasuwa, da wasan barkwancin da samari ke shiryawa don a kalla a waya, duk ta hannuna suke bi kafin su zama abin kallo. Amma ni kaina ba na zuwa wuraren. Cutar shan inna ta taɓa mini ƙafar dama tun ban yi wayo ba, da sanda nake tafiya, kuma ba ni da haƙurin cunkoso. Daga gida sai shago, daga shago sai masallaci. Sauran duniya a cikin memori ake kawo mini ita.

Mai kawo mini ita kuwa abokina ne, wani Bafulatani dogo siriri mai manyan kunnuwa. Tare muka yi firamare, shi yake goyona a keke in an tashi. Iyayensa sun daɗe da zama a gari, ko tatsar nono bai iya ba, amma in aka zo wasan Fulani da Barebari sai ka rantse jiya ya baro ruga. Ni Babarbare ne, saboda haka tun muna yara bai taɓa kirana da sunana ba, ni ma ban taɓa kiransa da nasa ba. Ya ce "Babarbare", in ce "ɗan Fulani", ranar da nake jin kaina kuma in ce "bawana". Da muka girma ya sayi kamara, ni na sayi kwamfuta, muka ci gaba daga inda keke ya ajiye mu.

Wanda bai san aikinmu ba yana zaton kamara ita ce komai. Ba haka ba ne. Kamara nesa take tsayawa, kuma kunnenta ba ya zaɓe: iska, ƙarar janareta, kukan akuya, duk kwashewa take yi ta haɗa da huɗubar liman. Don haka abokina yakan saƙala wata ƙaramar rikoda a aljihun mai magana, ko ya ɗaure ta a jikin sanda kusa da makaɗa. In ya dawo, abu biyu yake miƙo mini, hoto daban, murya daban, babu wanda ya san wani. Ni ne zan zaunar da kowace kalma a kan leɓen da ya furta ta. In na kuskure da ƙiftawar ido ɗaya, sai ka ga ango ya rufe baki amma yana ta godiya ga jama'a, yara su yi ta dariya.

Dabararmu ita ce tafi. Kafin a fara kowace ɗauka, zai kafa kamara a kan ƙafafunta, ya kunna ta, ya kunna rikoda, ya zagayo gaba ya tafa hannu sau ɗaya da ƙarfi. A kwamfuta sauti zane ne mai hawa da sauka, tafi kuwa tsaye yake fita, siriri dogo, kamar kara ɗaya da ya rage a gonar da aka girbe. Sai in nemi daidai inda tafukansa suka haɗu a hoto, in jawo wannan karan in ajiye a ƙarƙashinsa. In tafi ya zauna, sauran magana ta zauna.

Ban san ranar da ya fara yi mini magana kafin tafin ba, amma na tuna ta farkon da ta sa na kusa faɗowa daga kujera. Tallan wani dillali ya je ɗauka a kasuwar dabbobi ta Kumagannam. Na buɗe hoton, sai ga fuskarsa ta cika gilashi, ya yi gumi, rawani a karkace.

Ya ce, "Babarbare, kana jina? Na zo na tarar an kawo 'yan'uwanka sayarwa." Ya matsa gefe, sai ga jakuna a jere. Ya dawo, ya buɗe hannuwa, ya ɗan yi shiru yana kallona ta cikin kamara kamar mai jiran amsa. Sannan ya tafa.

Yana zaune a gefena a kan benci lokacin da nake kallo, ya ƙunshe dariya. Ban ko dube shi ba, gilashin na ba amsa. Na ce, "Ina jinka, ɗan Fulani. Ka gaishe mini da kawunka mai dogon wuyan da ke bayansu." Raƙumi nake nufi. Ya yi ta dariya har mai kifi ta leƙo ta ga ko lafiya.

Daga nan abin ya zama ɗabi'a. Kowane tafi da maganarsa. Wani lokaci tsokana ce, wani lokaci labari. Daga fadamar Katuzu, kusa da Gashuwa, ya nuna mini albasa ya ce ta fi kaina girma. Daga gidan biki ya rage murya ya ce tuwon bai nuna ba, in gode wa Allah da ban zo ba. Akwai ranar da bai yi wasa ba sam, ya ce, "Babarbare, kana jina? Yarinyata ba ta da lafiya, hankalina ba ya nan, in ka ga hoto na rawa ka yi haƙuri." Ya yi shirun nan nasa, ya tafa. A gabana bai faɗa ba, a can ya iya faɗa. Babu wanda ya taɓa ganin waɗannan gutsattsarin sai ni, domin su nake fara yankewa in aiki ya zauna. Amarya tana samun bikinta, dillali yana samun tallansa. Abin da ke gaban tafi nawa ne ni kaɗai.

Kuma dole ya zauna tare da ni in ana wannan haɗin. Rikoda da kamara kowacce da nata lissafin, shi kaɗai ya san wace murya ce ta ɗaurin aure, wacce ce ta kamu, wacce aka kunna bisa kuskure tana cikin jaka. Sai ya zo da hantsi, in ɗora shayi, a miƙo mana kifi ta taga, mu yi ta yi har la'asar. Muna faɗa a kai a kai. In ya tafa hannunsa bai fito a hoto ba, in zage shi tas, ya ce kunnena ne ya tsufa. In an gama haɗin sai ya tafi, ni kuma in ci gaba da yanka da jerawa ni kaɗai. A lokacin da za a tambaye ni, cewa zan yi wannan zaman shi ne mafi wahala a aikin, kuma da gaske nake ƙorafi a kansa.

Ranar da abin ya fara sauyawa, hannu rabbana ya shigo, babu memori. Na san ya yi biki a Katuzu, ina jiran in ji abin da zai ce game da tuwonsu.

Na ce, "Ina aikin?"

Ya ce, "Na bayar a Gashuwa. Mutanen suna gaggawa, so suke ya hau waya kafin baƙi su watse. Akwai wani a can, ɗan'uwanka ne ma, Babarbare. Yana da wata manhaja, ita take haɗa murya da hoto da kanta. Wallahi ban gama amsa waya ba ya ce an gama."

Ya faɗa ne kamar mai ba da labarin an sauke farashin mai, yana tsammanin zan taya shi murna. Ni kuwa ban taya shi ba. Na ce manhaja ce za ta san inda leɓe ya haɗu? Na ce ya jira ya gani, mutanen Katuzu za su biyo shi da sanda. Na ce duk Babarbaren da ya bar kunnen da Allah ya ba shi ya koma bin maɓalli, a bincika asalinsa. Ya yi dariya ya ce tsufa ne ke damuna, ya sha shayinsa ya tafi.

Ba a biyo shi da sanda ba. Aiki na biyu ma Gashuwa ya tafi, haka na uku. Dama yawancin bukukuwan da yake samu a wancan ɓangaren suke, kuma mutane sun koyi rashin haƙuri, kowa so yake ya ga kansa a waya tun lalle bai bushe ba. Ni ban rasa abin yi ba, kada a ɗauka yunwa ce ta sa ni magana. Akwai masu kamara a Nguru, suna kawo mini aiki, suna tafi kamar yadda na koya musu. Amma tafin kawai suke yi, fuska a ɗaure, kamar masu kashe sauro. Benci kuwa ya zama wurin ajiye caja.

Abokina bai daina gaishe ni ba. Yakan tsaya a ƙofar shago a kan babur, ƙafa ɗaya a ƙasa, inji na ruri, ya ɗaga murya: "Babarbare, kana raye?" In ce ina raye, ya ce sai ya dawo. Wannan injin da ba ya kashewa ya fi komai ƙona mini rai.

Sai na shiga farauta. Duk bidiyon da ya fito daga Gashuwa sai na sa an turo mini, in saka a kwamfuta, in rage gudunsa, in ƙura wa bakin mutane ido. Ina neman wuri ɗaya tak da magana ta riga leɓe, in ajiye in nuna masa. Na bi bakin liman, na bi bakin maroƙi, na bi harshen mata masu guɗa. Na koma kan makaɗa, domin a nan ake kama mai haɗi, in ganga ta yi ƙara kafin makaɗi ya sauka a kanta. Ko'ina daram. Na taɓa ɓata yini guda a kan wani tsoho mai cin goro, na ce na kama su, daga baya na gane haka bakinsa yake motsi ko ba ya magana.

Matata ce ta fara gajiya da ni. Ta ce abinci ma sai na kalli bakinta nake amsa mata. Ta ce, "Malam, kishi ne fa ke cinka, ka faɗa kawai ka huta." Na ce Allah ya sawwaƙe, kishin wa, kishin maɓalli? Ta ce ita ba ta ce maɓalli ba. Na yi fushi na bar mata tuwon.

Gaskiya ta faɗa. Manhajar ba ta tsare mini komai ba, ko a mafarki ban gan ta ba. Tambaya ɗaya ce take cina: in abokina ya kafa kamara a Katuzu ya zagayo gaba, wa yake yi wa magana yanzu? Na kasa tambayarsa. In na tambaya ya ce babu kowa, ba zan yarda ba. In ya ce akwai, ban san inda zan sa kaina ba.

Wata safiya na ce wa matata zan je Gashuwa sayen wayar kwamfuta da babu irinta a Nguru. Ta dube ni, ta dubi sandata, ta ce Allah ya kiyaye hanya, kuma in gaishe da wayar. Rabona da barin gari har na manta. Na hau Keke Napep zuwa tasha, direban motar Gashuwa ya tausaya mini ya ba ni gaba, amma ya haɗa ni da wani mai buhun barkono, muka yi ta atishawa har muka isa.

Na tambayi shagon mai manhajar aka nuna mini. Na so in tarar da ɗan rainin wayo, mai gilashi a goshi, wanda zan tsana cikin kwanciyar hankali. Allah bai ba ni ba. Mutum ne kamili, bai kai mu shekaru ba, shagonsa fes, fanka na juyawa da hasken sola. Ina faɗin daga inda nake ya miƙe tsaye, ya gaishe ni da barbarci har da russunawa, ya ba ni kujerarsa shi ya zauna a kan bokiti.

Ya ce, "Yaya, ai kai ne! Kullum sai abokinka ya yi maganarka. Ya ce a duk ƙasar nan babu mai kunnenka."

Na ce, "Haka ya ce?" Na so in ji daɗi, amma yabo daga bakin wanda ya karɓe maka wuri ɗaci gare shi. Ya aika aka kawo zoɓo mai sanyi. Na sha, kuma na ji haushin daɗin da ya yi.

Ban ko roƙa ba ya ce bari ya nuna mini. Ya buɗe wani aikin abokina, ya kwaso hotuna da muryoyi gaba ɗaya a hargitse, ya danna wuri guda. Wani ɗan layi ya tsallaka gilashi. Shi ke nan. Kowace murya ta je ta kwanta a ƙarƙashin hotonta, har wadda aka kunna cikin jaka an ware ta gefe. Ya yi mini bayani cewa manhajar tana sauraron ƙazamin sautin kamara, ta saurari mai kyau na rikoda, ta gano inda suka yi kama. Ba ta bukatar a gaya mata wanne ne na kamu, wanne ne na ɗaurin aure. Aikin da ke kai mu la'asar, ban kai ga ajiye kofin zoɓo ba ya ƙare. Na ce, "Ba laifi."

Amma idona ba a kan layinsa yake ba. A farkon wani tsohon aiki da ya buɗe na hango karan nan, siriri dogo, tsaye shi kaɗai. A gabansa kuma akwai 'yan tuddai ƙanana, irin zanen da muryar mutum ke yi.

Na nuna da yatsa na ce, "Wannan fa?"

Ya ce, "Au, tafin nan nasa ne. Na sha gaya masa ya daina wahalar da kansa, manhaja ba ta bukata. Yankewa kawai nake yi."

"Ka taɓa saurara?"

"Me zan saurara a ciki, Yaya?"

Da ina da hankali, nan zan yi shiru, in gode masa, in nemi motar Nguru. Amma wanda ya yi doguwar tafiya da barkono a hanci don tambaya ɗaya ba ya komawa bai ji amsa ba. Na ce ya mayar da shi farko ya ƙara murya.

Fuskar abokina ta cika gilashi, kunnuwan nan, gumin nan. Ya ce, "Babarbaren Gashuwa, kana jina? Yau a Katuzu muke. An yanka rago, na ce a ajiye maka ƙahon." Ya buɗe hannuwa, ya yi shirun nan, ya tafa.

Na ji kamar an watsa mini ruwan zafi a baya. Har shirun ya ba shi. Ban taɓa sanin cewa ina ɗaukar wannan ɗan shirun a matsayin kayana ba sai da na ga an miƙa wa wani. Kuma wanda aka miƙa wa bai ma san an ba shi komai ba, wata da watanni yana sharewa yana zubarwa tare da kukan akuya.

Na ce ya buɗe na gaba. Muka yi ta bi. A ayyukan farko kowane tafi da tsokanarsa, wasu ma na san su, nawa ne aka sake wa riga. Can gaba sai maganar ta fara gajarta. A wani ya ce, "Kai wannan Babarbaren, ba ka amsawa ne?" Daga nan sai tafi kawai babu magana. A ayyukan baya-bayan nan ko tafin babu, hoto yana farawa ne da amarya. Ba zan ɓoye ba, da na ga haka wani sanyi ya ratsa ni. Na ce a raina, ka gani, ɗan Fulani, ka kai hira inda ba a jinka.

Sanyin bai daɗe ba. Mutumin Gashuwa dariya yake yi har da riƙe ciki, hawaye a idonsa. Ya ce, "Ashe duk wannan lokacin zagina yake yi ban sani ba! Ƙaho? Ni zai ajiye wa ƙaho? Wallahi yau sai na rama." Kafin in ce wani abu ya ɗauki waya ya kira shi, ya sa a amsa-kuwwa don in ji.

Ya ce, "Ɗan Fulani, ƙahon da ka ajiye mini, ka riƙe, ai gadon gidanku ne."

Sai dariyar abokina ta fashe, irin wadda take sa mai kifi ta leƙo. Ya ce, "Sai yau ka ji? Wa ya buɗe maka kunne?"

"Ga shi nan zaune, Yayana na Nguru."

"Babarbare! Me ya kai ka Gashuwa da wannan ƙafar?"

Na ce waya na zo saya. Suka ci gaba da musayarsu, wannan ya jefa wancan ya rama, ni ina zaune a kan kujerar mai shago da kofi a hannu, ina murmushin da ya sa kumatuna ciwo. Da ƙafata na zo, da yatsana na nuna masa. Da na zauna a Nguru, da har yau yana yankewa yana zubarwa.

Ya raka ni har tasha, ya riƙe mini sanda na shiga mota. Kafin nan ya nuna mini yadda zan sauke manhajar a kwamfutata, ya ce in na maƙale in kira shi ko yaushe. Na dawo gida babu waya. Matata ba ta tambaya ba, ta dai zuba mini abinci ta ƙara man shanu.

Na sauke manhajar. Na maƙale, na kira shi, ya warware mini cikin ladabi, na ƙara jin haushinsa. Cikin 'yan kwanaki na iya ta kamar na haife ta. Lissafina mai sauƙi ne: abin da ya kai abokina Gashuwa yanzu akwai shi a Nguru, kusa da gidansa, ga kifi ga shayi. Na sa aka gaya masa. Na kwashe caja daga kan benci, na goge shi.

Ya ɗauki lokaci kafin ya zo. Ranar da ya zo, na ji babur ya tsaya, na kuma ji an kashe inji. Ya shigo da memori a hannu. Ya ce masunta ne suka sa ya ɗauki kamun kifinsu a dausayi, mutumin Gashuwa kuma ya tafi bikin ƙanwarsa, ba zai dawo da wuri ba. Na yi kamar ban ji wannan ɓangaren ba. Na ɗora buta a kan risho, na leƙa taga na ce a zaɓo mana tarwaɗa mai kyau. Ya zauna a kan benci, ya miƙe dogayen ƙafafunsa inda ya saba miƙewa.

Na ce, "Ɗan Fulani, buɗe idonka ka ga aiki."

Na kwaso komai a hargitse, na danna. Layin ya tsallaka. Kowace murya ta kwanta a ƙarƙashin hotonta. Na juyo ina kallonsa ina jiran yabo, kuma ya yaba.

Ya ce, "Kai! Babarbare ya waye. Ka ga yanzu ka huta, ni ma na huta." Ya duba wayarsa, ya janyo ƙafafunsa. "To tunda an gama, bari in kama hanya, ana jirana a Katuzu. In ka tace ka turo mini ta waya."

Na ce, "Shayi fa?"

Ya dubi butar. Ko motsi ba ta fara ba. Ya ce, "Wani jiƙon." Ya dafa kafaɗata, ya fita. Na ji inji ya tashi, na bi ƙararsa da kunne har ta ɓace a cikin hayaniyar kasuwa. Babu abin da zan riƙe shi da shi. Ba ni da wata muryar da zan tambaye shi ta ina ce, babu hannun da bai fito a hoto ba da zan zage shi a kai. Mai kifi ta miƙo tarwaɗa ta taga, a nannaɗe, ta mutum biyu.

Na koma kan kwamfuta don in fara yanka. A farkon hoto na farko sai na gan shi, siriri dogo, da 'yan tuddai a gabansa. Ashe ya koma tafi. Na daɗe ina kallon zanen kafin in mayar da shi farko in ƙara murya.

Yana tsaye a cikin kwalekwale, ruwa na ƙyalli a bayansa, yana tangaɗi yana dariya. Ya ce, "Babarbaren Gashuwa, kana jina? Kai da ka ce Fulani ba su iya ruwa ba, to buɗe idonka ka gani. In na nutse kai ne sila."

Ya buɗe hannuwa, ya yi shiru, yana kallon cikin kamara yana jira. Babu kowa a shagon sai ni, buta ta fara ƙara a bayana.

Na ce, "Ina jinka, ɗan Fulani."

Sai ya tafa.